Ɗakin da Baba Munzali Ya Shirya

"Ƙara jan labulen kaɗan, ya Idris," in ji Baba Munzali daga kan gado. "Kada hasken ya faɗo mini a fuska."

Na ja. Labulen ma na matata ne, da safe ya aiko a ara masa. Ya sa na jera kofunan shayi kamar yanzu baƙi suka tashi, na ajiye takalman gidanmu a bakin ƙofa inda waya za ta kama su. Magungunansa muka tura ƙarƙashin gado. 'Yarsa Haifa ce za ta kira ta bidiyo daga Dammam, yadda ta saba duk Juma'a.

Duk zaman maƙwabtakarmu a unguwar Tandabawi ta Makka, tsohon kafinta na ɗauke shi. Sai ran nan, muna jiran kiran, ya gaya mini aikinsa. A da, shi ke tsara wuraren da ake ɗaukar finafinan Faransanci, daga Yamai zuwa Wagadugu har Faris. Ya taɓa gina kasuwa sukutum da katako da buhuna, ya gina kurkuku, ya gina gidan gwamna. Ana gama ɗauka a rushe. Yana can yana fentin bangon wani falo aka bugo masa cewa matarsa ta rasu. Daga nan ya ajiye aikin ya biyo Haifa Makka, sai kuma aka yi wa mijinta canjin wurin aiki zuwa Dammam.

Da wayar ta yi ƙara ya gyara zama, har da dariya. Haifa ta yaba labulen, ta ce hankalinta ya kwanta tunda yana samun masu zuwa. Jikokinsa suka gaishe shi da Larabci suka ruga wasa. Tana kashewa ya zame ya kwanta, gumi ya jiƙa masa riga.

Na ce, "Baba, ya kamata ta sani."

"Tana da tsohon ciki. Ka bar ta ta haihu lafiya."

Ban bari ba. Ranar Lahadi na kira ta na faɗa mata gaskiya. Ta ce likita ya hana ta tafiya, amma za ta zo. Tana hanya ya cika, bayan azahar, ina riƙe da kofin ruwan da ya roƙa.

A Harami aka sallace shi da la'asar tare da wasu gawarwaki, dubban mutane a sahu, ba wanda ya san sunansa. Mu 'yan unguwa kaɗan muka raka shi maƙabarta.

Da na dawo lungunmu, Haifa ba ta iso ba tukuna. Ashe an manta ba a kashe na'urar sanyaya ɗakinsa ba. Ruwanta na ɗiga a gindin bango, wata kyanwa ta tsuguna tana lasa.