Ranar da Muka Ja Ɗakin Tela da Shanu

Shekara goma sha ɗaya ƙanwata Clorinda tana kallon mijinta yana tuƙo kwalekwale zuwa gida, bai iso ba.

Wata ɓaraka ce ta buɗe a gaɓar tekun ƙauyenmu a nan tsibirin Chiloé, wata safiya da Hermógenes ya fita duba komar kifinsa. Sarari ya yage kamar tsohon buhu, ya haɗiye shi da jirginsa. Ta cikin yagar muna hangensa sarai, da jar hularsa, ya juyo zai dawo. Sai dai lokacin can ba irin namu ba ne. Kafin ya tsoma filafili sau ɗaya, mu nan mun yi wata guda.

Irin waɗannan ɓaraka, in aka bar su, rufewa suke yi da abin da ke cikinsu. Shi ya sa gwamnati ta kafa mana na'ura a wani ɗakin katako, taku ashirin daga yagar. Tela muke ce mata, ko da yake ba ta taɓa ɗinke komai ba, riƙe bakin yagar kawai take yi kada ya haɗe. Kullum Clorinda na zaune a gindinta tana saƙa. Gashinta ya yi furfura a wurin, shi kuwa gogan yana nan ɗan shekara talatin da huɗu.

Ranar wata Talata ƙasa ta ɗan girgiza. Mu ko kofi bai faɗi ba, amma ɓarakar ta matsa can wajen duwatsu, taku ɗari uku, ta bar Tela a baya. Injiniyar da ke kula da ita, Maite Ossandón, 'yar birnin Santiago ce mai yawan takardu. Ta auna ta ce ƙarfin na'urar bai kai can sosai, nan da kwana biyu yagar za ta rufe.

"To a ɗauke ta mana," in ji ni.

Ta ce mini, "Baba Rosamel, an ɗaure ta da daɓen ɗakin, kuma in aka kashe ta ko na minti ɗaya ne, shi ke nan. Motar ɗaga kaya sai bayan kwana tara."

Clorinda ba ta yi kuka ba, abin da ya fi ƙona mini rai ke nan. Ta dube ni kawai ta ce, "Yaya."

Na ce wa injiniyar, "Wa ya ce a cire ta daga ɗakin? Ɗakin za mu kai."

Ta yi mini kallon wanda ya sha ya bugu. Ban ga laifinta ba, a garinsu mutum ne ke tashi ya bar gida. Mu nan gidan muke tafiya da shi.

Na bi ƙofa ƙofa ina kiran minga, gayyar jan gida. Har ƙofar Nolberto Huenteo na je, wanda shekara shida ba ma ga maciji saboda shinge. Na tsaya ina kame-kame. Ya ce, "Tsohon banza, ka tafi, na ji. Bijimaina sun fi naka, kai ma ka sani." Raina ya ɓaci, amma gaskiya ya faɗa.

Washegari da hantsi aka taru da shanu goma sha biyu. Muka cire tagogi, muka tokare bango daga ciki, muka zura gungume biyu a ƙarƙashin ɗakin, muka ɗaura sarƙa. Mata suka haƙa rami suka jera duwatsu masu zafi, aka zuba kifin ɓawo da nama da dankali aka rufe da ganye, don ba a kiran gayya da yunwa.

Injiniyar ta shiga ciki ta rungume Tela, ta ce in allurar ma'aunin na'urar ta wuce jan layi za ta yi ihu. Nolberto ya ɗaga sanda, shanu suka yunƙura, ɗakin ya yi ƙara ya motsa. Sau uku ta yi ihu, sau uku muka tsaya cak. A gangaren ƙarshe sarƙa ɗaya ta tsinke, ɗakin ya karkata, sai ga mutum arba'in sun sa kafaɗa, har da tsohuwar da ke sayar da burodi. Ni dai gwiwata ba ta yafe mini ba har yau.

Da la'asar muka ajiye shi. Allurar ta zauna daram, bakin yagar ya daina rawa. Injiniyar ta fito da laka har goshi, tana dariya tana share ido.

Sai Clorinda ta ƙwala mini kira. Da ɓarakar ta matsa, ashe kusa da jirgin ta matsa. Hancin kwalekwalen ya leƙo waje, bai fi taƙi ɗaya ba. Ta shiga ruwa har ƙugu ta ɗora tafinta a kai. Fentin da ta taya mijinta shafawa shekara goma sha ɗaya da suka wuce, ko dishewa bai yi ba.

Injiniyar ta yi lissafi ta ce saura kamar wata uku.

Na ce, "To, ki je ki rina gashin nan, kada yaro ya fito ya gaishe ki a matsayin suruka."

Ta ɗaka mini duka a kafaɗa, hannunta ɗaya bai bar katakon ba. "Bar ni da furfurata, yaya. Ka dai ajiye mini dankali mai kyau. Bai karya kumallo ba ya fita."