Albasar Bobo Nazarali

Da hantsi ne, dusar ƙanƙara tana narkewa tana ɗiga daga rufin gidaje, sai Mohira ta leƙo ta kan katangarmu.

"Daler, zo ka ga surukina. Tun asuba yake amai."

Na tarar da Bobo Nazarali kwance kusa da murhu, an lulluɓe shi da bargo, leɓɓansa sun bushe. Shekarar nan hanya ta daɗe a toshe, garin alkama ya ƙare a yawancin gidaje, ɗansa, mijin Mohira, kuma yana can Rasha wurin aiki. Shi ya sa jiya tsohon ya ɗauki buhu ya hau dutse tonon albasar daji, alhali ko fure ba ta yi ba. A garinmu ba a tona ta sai ta yi fure, don akwai wata mai kama da ita, mai rawayen fure, wadda ko akuya ba ta ci. Idan babu fure, sai dai hanci ya raba su. Ta kirki tana da yaji, ɗayar ba ta warin komai.

Ya aiki Mohira ta dafa shayi, sannan ya kama hannuna.

"Yara sun taɓa buhun?"

"Ban sani ba, Bobo."

"To tashi ka duba mana, sarkin nawa. Kai ko gobara ake yi sai ka ɗaura takalmi."

Buhun yana bayan ƙofa, a ɗaure. Na dawo na faɗa masa. Ya lumshe ido.

"Ni na fara ɗanɗanawa. Hancin nan ya mutu tun bara, taba ta cinye shi, ban gaya wa kowa ba." Ya yi tari mai tsawo. "Kada ka zubar duka. Ba su da wani abin ci."

Na taka zuwa ƙauyen ƙasa na kira malamin asibiti. Ya zo, ya duba, ya ƙara masa ruwa, ya ce in da hanya da an kai shi birni. Babu hanya. Bobo ya ƙara kwana yana cewa maƙogwaronsa wuta. Washegari bayan azahar ya cika. Da ƙyar muka haƙa kabarin, ƙasa ta daskare.

Da mutane suka watse, ƙaramar jikarsa ta ja rigar uwarta tana cewa yunwa. Mohira ta dubi buhun, ta kau da kai.

Na ɗauke shi zuwa bakin rafi. Na zauna ina farfasa kowace da farce ina shinshinawa, har yatsuna suka daina jin sanyi. Wadda na yi shakka a kanta na jefa rami na binne. Abin da ya rage bai cika kwano ba.

Na ajiye a bakin ƙofarsu. Mohira ta fito, idonta a kumbure, ta ɗauka ta shige. Jim kaɗan hayaƙi ya fara tashi daga rufinsu.