Wasiƙar Gwaggo

Shekara biyar Mubaraka ta yi tana zama da wata mata da ta mutu fiye da shekara ɗari uku da suka wuce. Baturiya ce, matar wani masaƙi a arewacin Ingila, 'yar ɗariƙar Kweka, Kiristocin nan da ba su da limami, duk wanda abu ya zo masa a rai sai ya miƙe a taro ya faɗa. A gida Gwaggo take kiranta. Mijinta Uzairu in ya dawo daga aikin sito a Wendover, nan Amurka inda suke zaune, kafin ya cire takalmi sai ya ce, "Ya muka ji da Gwaggo?"

Wasiƙa ɗaya tal Gwaggo ta bari a duniya. Ta rubuta wa wani mai wa'azi na Landan, ta jera masa hujja bakwai cewa mace ma tana da bakin yin wa'azi a bainar jama'a. A watan Janairu na 1660 mutumin ya buga ɗan littafi da hujjojin nan bakwai, a jere yadda suke, bai ko ambaci sunanta ba. Wasiƙar kuwa, a rubutun Mubaraka, ta Disamban 1659 ce. Ke nan ya karanta, ya kwashe, ya sa sunansa. A kan wannan wata ɗaya ta gina kundin digirinta na uku, shafi ɗari biyu da tamanin, kuma ranar Alhamis za ta kare shi gaban farfesoshi huɗu.

Ranar Litinin da hantsi tana shirya hotunan da za ta nuna, sai ta ga ya kamata a ga rubutun hannun Gwaggo, don ado kawai. Garin neman gira aka rasa ido. Ta tono hoton da ta ɗauka a ɗakin adana takardu a Ingila tun shekararta ta farko, wanda ba ta sake buɗewa ba tun da ta kwafe shi. A saman takardar babu Disamba. Abin da ke wurin shi ne: wata na goma sha biyu, 1659.

'Yan Kweka ba sa kiran watanni da suna, sun ce sunayen gumaka ne, ƙirga su suke yi. Kuma a Ingila ta wancan zamanin shekara a Maris take farawa. Watansu na goma sha biyu na 1659 Fabrairun 1660 ne a lissafinmu, bayan littafin ya fito da wata guda. Mubaraka ta san wannan kamar yunwar cikinta. Duk shekara ita ke koya wa 'yan aji ɗaya, har tana yi musu misali da Muharram, har tana jan kunne da jan biro. Amma ranar da ta kwafi wasiƙar ana shirin rufe ɗakin, ma'aikaciya na tsaye a kanta, hannunta ya rubuta Disamba, daga nan ta ci gaba da kwafe kanta da kanta.

Ta lissafa da yatsu kamar yarinya, Maris ɗaya, Afrilu biyu, ta kai ƙarshe ta sake farowa. Fabrairu bai motsa ba. Wataƙila Gwaggo littafin ta karanta ya burge ta, ta maimaita wa mai shi abin da ya faɗa. Bawan Allah yana kwance a kabarinsa, ita kuwa ta yi shafi ɗari biyu da tamanin tana ce masa ɓarawo.

Tsoro ya kama ta. Takardar zamanta a ƙasar ƙarshen wata take ƙarewa, an riga an ƙara mata sau biyu, an kuma gaya mata babu na uku. Uzairu ya ajiye aikin koyarwa a Gusau ya biyo ta, yana ɗaga kwali tun asuba har bayansa ya fara ciwo. Duk wanda ya karanta kundin Disamba ya gani, ba wanda ya taɓa ganin hoton. Ta goge shi daga cikin abin da za ta nuna. Ta mayar. Ta sake gogewa, ta ɗauki makullin mota.

Kada a yi mata kyakkyawan zaton da bai kamace ta ba, ba son gaskiya ne ya kai ta Pleasant Garden, gidan malamarta, ba. So take wani babba ya ce mata ba komai, ya kama mata kayan su ɗauka tare.

Farfesa Dinatu, mai duba aikinta, 'yar Wusasa ce, shekararta talatin tana koyar da adabin Turancin dauri a Greensboro. Mubaraka ta same ta a bayan gida, durƙushe cikin shukar tumatir.

"Mubaraka, lafiya da rana tsaka? Ba slides ya kamata ki zauna a kai ba?"

"Mama, akwai abin da zan nuna miki."

Ta miƙa mata wayar. Farfesa ta cire safar hannu, ta gyara tabarau, ta ja hoton da yatsa biyu. Ba ta yi minti ɗaya ba. Ta zauna a bakin dakalin katako kamar wadda aka yi wa rasuwa.

"Twelfth month," ta ce a hankali. "Ni ma ban nemi hoton ba. Shekara biyar ban nema ba."

"Mama, footnote ɗaya ne a ƙasan shafi. Babu wanda zai duba. In na gama, na rantse zan gyara kafin a buga shi littafi."

"Ba footnote ba ne, 'yata. Shi ne chapter uku da huɗu da biyar."

"To in sake rubutawa. Ba zan yi barci ba."

"A kwana uku? Ki ce me? Sai kin koma archive ɗin can Ingila kin ga ko akwai wata wasiƙar kafin wannan. Aikin shekara guda ne, in an yi sa'a."

"Ba ni da shekara. Ba ni da wata ma." Mubaraka ta durƙusa a kan ƙasar lambun, abin da ba ta taɓa yi wa kowa ba a Amurka. "Biza ta kusa ƙarewa. Me zan ce wa Uzairu? Mama, ke kaɗai ce kika sani."

Farfesa ta daɗe tana kallon tumatirinta. Mubaraka ta ga tsohuwar tana so ta ce to, tana neman hanyar cewa ta rasa.

"Da kin yi zamanki a gida, da Alhamis na sa hannu da zuciya ɗaya," in ji Farfesa. "Me ya kawo ki?"

"Ki yi kamar ban zo ba. Don Allah. Ki ɗauka ban zo ba."

"Kin zo, Mubaraka."

Ta mayar mata da wayar, ta share idonta da bayan hannu, ta laluba aljihu ta ciro tata. Mubaraka na durƙushe ta ji ta tana gaisawa da sakatariyar sashe da Turanci, a natse, tana cewa a soke ɗakin da aka kama don Alhamis.