Kwanon Natto

Ni da matata Tomie, kafin ta rasu, muka fara dafa giyar shinkafa da tukunya biyu a bayan gida. Duk lokacin dahuwa ba ma cin natto, daddawar waken suya, don in wanda ya ci ya shiga ɗakin aiki, giyar ta lalace ke nan. Yanzu wurin ya zama kamfani, 'yata Chizuru ke riƙe da shi.

Yau da safe, ana tsakiyar dahuwar bana, ta ajiye mini kwanon natto.

Na ce, "Ke, kin manta watan da muke ciki?"

"Ban manta ba, Baba. Ci abinka."

Ta ɗauki makullan ɗakin aiki ta fita. Ni kaɗai na zauna na cinye, ina jiyo ƙarar injuna ta bango.