Fenaretin da Bikin Aure Ya Cinye

Duk wanda ya taɓa zama da Emenike a tashar jirgin ƙasa ta Kafanchan ya sha labarin fenaretin da ya kama a 1987, lokacin yana golan ma'aikatan reluwe, ranar da suka kara da 'yan Kachia. Shekara tara yana ba da labarin nan, kullum ƙwallon tana ƙara gudu, shi kuma yana ƙara tsalle, har abokan aikinsa suka fara cewa shaci-faɗi ne. Wannan duk bai dame shi ba kamar matarsa Uloma, wadda ke cewa ita ba ta je filin ba ranar, kuma mijin da ta sani ko lemo aka jefa masa sai ya suɓuce.

Ana nan sai ga Kubra, ma'aikaciyar wani gidan talabijin a Kaduna, tana neman tsofaffin hotunan wasanni don shirin tarihin ƙwallo. Emenike ya ja ta da rawar jiki zuwa wurin Martins mai bidiyo, wanda ya ɗauki wasan. Martins ya sosa ƙeya. Ya tuna masa cewa a lokacin sabon kaset wahalar samu gare shi, kowa a kan tsoho yake ɗora sabon ɗauka, kuma shi Emenike da hannunsa ya kawo kaset ɗin wasan ya ce a ɗauki bikin aurensa a kai.

Kubra ta ce a dai saka a gani, don wani lokacin biki yakan ƙare kaset bai ƙare ba.

Aka saka kaset ɗin a gidan Emenike, falo ya cika da maƙwabta. Aka kalli fasto, aka kalli rawar zumuntar mata, aka kalli kawun amarya yana zuba jawabi ba ranar gamawa. Emenike bai taɓa jin haushin tsohon nan kamar ranar ba. Can hoton ya yi rawa, sai ga filin ƙwallo. Amma an riga an buga fenaretin, jawabin kawu ya cinye shi.

Abin da ya rage shi ne wata budurwa da ta tsallake igiyar bakin fili, ba ɗankwali, takalmi ƙafa ɗaya, tana ihun ya kama, ya kama, har ta je ta rataye a wuyan gola.

Uloma ta miƙe wai za ta duba tukunya.

"Madam," in ji Martins, "ba ke ne wannan ba?"

"Ni ne," ta ce. "In na yarda na gani, wa zai iya zama da shi a gidan nan?"

Falo ya ɗauki dariya. Emenike kuwa don daɗi idonsa ya ciko da ƙwalla.

Kubra ta saka wurin a shirinta, daƙiƙa goma sha ɗaya cif. Tun daga ranar Emenike ya bar labarin fenareti. Yanzu labarin Uloma yake bayarwa, kuma kullum igiyar da ta tsallake tana ƙara tsayi.