Saƙon Noraogo

"Ka sare mini kai, bawan banza. Ɗaga kyamarar sama."

Noraogo ke nan, maƙwabcina a unguwar Gounghin, yana kishingiɗe a gindin mangwaro, ciwo ya cinye shi saura murya. Shekara arba'in ya yi a bayan kyamara, ya ɗauki masu haƙar zinariya, ya ɗauki labaran da ya rubuta da hannunsa. Ni kuwa ko rediyo na taɓa sai ta canja tasha. Amma shi ɗan ƙabilar Mossi ne, ni ɗan Samo, abokan wasa, ni kaɗai zai zaga ya kwana lafiya.

Saƙo yake son bar wa 'yarsa Wendyam, wadda ta tare a Abidjan ba ta ƙara kiransa ba, don ranar aurenta yana Dori wajen ɗaukar fim.

"Lamusa, ka danna jan maɓalli, na fara. In na gama ka sake dannawa. Ko akuya ta iya."

"To a kirawo akuyar mana."

Da hantsi ya ce hasken ya yi kaifi. Da rana tsaka ya ce inuwar ganye ta yi masa zane a fuska. Matarsa Talato ta leƙo daga madafa.

"Baban Wendyam, mutuwa za ta tsaya jiran rana ne?"

"Ta jira. Waɗanda suka fi ta girman kai ma sun jira."

Sai da rana ta sauko kan katanga ya karɓi kyamarar, ya yi 'yan taɓe-taɓensa, ya miƙo mini. Na danna ja. Ya gyara hula, ya nemi gafarar 'yarsa, ba kwana-kwana, ba wasa. Ban taɓa jin sa haka ba. Da ya yi shiru na sake dannawa, na ajiye ta a gindin benci, na shiga neman ƙurar da ta faɗa mini a ido.

Ran Talata ya cika. Wendyam ta iso an riga an dawo daga maƙabarta. Muka zauna a tsakar gida, na kunna mata kyamarar ina ta hura hanci.

Sai ga ƙafar benci, ga kaza tana tsattsaga, ga hannunsa a kan gwiwa. Sannan muryarsa, ƙasa-ƙasa.

"Talato, kina ganin za ta zo?"

"Za ta zo."

"To ki hana Lamusa tsinke mangwaron reshen can. Shi ta fi so."

Wendyam ta ce, "Baba Lamusa, mayar mini baya."

Na mayar. Ta sake saurarawa, ta ɗaga kai tana duban reshen. Ba ta tambayi sauran ba.

Jawabin ko kalma ɗaya bai shiga ba. Ashe kyamarar tana cikin ɗauka ya miƙo mini ita: dannawata ta farko ta kashe ta, ta biyu ta kunna.