Hajiya Daso Mai Zaɓen Fuska

"Zauna, ɗiyata, ba a gama ba," in ji Hajiya Daso, ta riƙe mini gefen mayafi.

Fim ɗin kuwa ya ƙare. Ɗalibai sun mimmiƙe suna saka rigunan sanyi, kujeru sai ƙara suke yi, sunayen waɗanda suka yi aikin suna ta hawa a jikin allo cikin Faransanci. Ta sunkuyo gaba, gilashinta a kan hanci, leɓenta na motsi. Can sai mai kula da na'urar nuna fim ya kashe ta, ya kunna fitilun zauren.

"Saura layi uku," ta ce. "Mai ɗinki, mai gyaran gashi, sannan ni."

Na ce bari in je in roƙe shi ya mayar. Ta girgiza kai.

"Ƙyale shi, Kubura. Gida yake son zuwa."

Wannan a watan Fabrairu ne na 1984, ranar wata Asabar da rana, a zauren jami'ar da ke unguwarmu ta East Greensboro a Amurka, inda masu koyon Faransanci kan nuna fim sau ɗaya a wata. Ni na tuƙo ta, domin ɗanta Bello ya ce yana da aiki a gonar gwaji ta makaranta.

Gidajenmu bango ɗaya ya raba su. Ni da maigidana Sirajo daga Kano muka zo, shi yana karatun digiri na biyu, ni ina aiki a masaƙar yadi. Bello kuwa mutumin Maraɗi ne, yana koyarwa a sashen noma, shi kaɗai a gidansa, har ranar da ya dawo daga filin jirgi da wata doguwar tsohuwa da akwatuna huɗu. Ya ce mahaifiyarsa ce, daga Faris ta ƙasar Faransa take, ba ta da lafiya. Iyakar abin da ya faɗa ke nan.

Sauran a bakinta na ji. Tana da shekara ashirin da huɗu mijinta ya rasu, wata Bafaranshiya da take yi wa raino ta tafi da ita Faris. Ta bar Bello yana ɗan shekara huɗu a hannun kakarsa. Ƙanen uwar ɗakin nata, wato Bafaranshiyar, yana harkar fim. Wata rana ya shigo gidan yana huci, yana neman baƙaƙen fata arba'in da za su fito a sojoji kafin Litinin, ya rasa. Daso ta shiga gidajen kwanan ma'aikata, inda masu shara da leburorin masana'anta suke, kwana biyu ta kawo masa mutum arba'in da uku. Daga nan ta bar raino. Shekara ashirin da biyar tana zaɓen 'yan wasa, na sinima da na talabijin. Da farko namu kaɗai ake ba ta ta nemo, daga baya har Turawa sukan zauna a benci a ƙofar ofishinta suna jiran ta kira su.

Halin bai sake ta ba. In muka je kanti a Elm Street, sai ta tsaya tana kallon mai karɓar kuɗi har in ji kunya.

"Kin ga wannan?" ta raɗa mini. "Alƙali ne. Dubi yadda yake jira mutum ya gama magana."

A ƙarƙashin gadonta akwai kwalayen takalma guda tara cike da hotuna, kowanne da suna da adireshi a bayansa. Da jikinta ya fara nauyi, sai ta ce in riƙa zuwa in na taso daga aiki, mu mayar wa kowa nasa.

"Wasunsu shi ke nan hoton da suka taɓa ɗauka a duniya," ta ce. "Na ce musu zan kira su. Rabinsu ban kira ba."

Ita ke karanta adireshin harafi harafi, ni ina rubutawa a ambulan, ranar Juma'a in kai gidan waya. Wani hoton takan riƙe shi ta daɗe.

"Ga Sale," ta ce wata rana. Wani siririn mutum ne mai tsagar Gobirawa. "Shara yake yi a tashar jirgin ƙasa. Sau bakwai na ba shi aiki. Boyi, boyi, soja, gawa, boyi. Mi zan yi? Abin da ake rubuta muna ke nan. Sai ga wani wasan talabijin ana neman likita. Na kai Sale. Darakta ya ce masu kallo ba za su yarda ba. Na ce to ga makullin ofis, ya nemi wata." Ta yi dariya har tari ya sarƙe ta. "Magana huɗu ya yi cikin farar riga. Ranar da aka nuna, a gidan kwanansu ba wanda ya ci tuwo sai da aka gama."

Bello in ya dawo ya tarar da mu cikin hotuna, sai ya gaishe mu daga bakin ƙofa ya wuce kicin. Bai gaza mata da komai ba. Shi ke kai ta asibiti, shi ke dafa mata abinci, shi ke lissafa mata magani. Amma Hajiya yake kiranta, kamar yadda ni bare nake kiranta, kuma ban taɓa ganin ya zauna a ɗakinta ba.

Wata ranar Lahadi na same shi yana wanke mota a ƙofar gida, na yi ƙarfin hali.

"Malam Bello, da ka ɗan riƙa zama da ita. Likita fa ya gaya maka abin da ya gaya maka."

Ya matse tsumman.

"Anti Kubura, sau biyu ta zo Maraɗi ina yaro. Na ƙarshe ina ɗan shekara goma sha biyu. Na ce ba komai, abinci take nema mana. Ranar da na je ɗaukarta a filin jirgi, na tsaya a gabanta kamar yadda nake tsaye a gabanki. Ta dube ni ta wuce. Matar da ta haddace fuskar mutum dubu." Ya ci gaba da goge gilashi. "Sai da na kira sunanta."

Ban yi niyyar kai mata maganar ba, amma washegari da ta dube ni sau ɗaya ta ce in faɗi abin da ke bakina. Na faɗa. Na zaci za ta kawo wani dalili, ko gajiyar jirgi, ko idonta.

"Gaskiya ya faɗa," ta ce. "Yaro nike nema." Ta juya fuska wajen bango. Ranar ba mu rubuta ambulan ko ɗaya ba.

A tsakiyar Afrilu aka sallamo ta daga asibiti, aka ce a kai ta gida kawai. Bello ya ɗauki hutu. Na dama mata kunun gyaɗa da ɗan gero da wata 'yar Gana ta samo mini, na shiga da shi bayan azahar. Hannunta ba ya iya riƙe cokali. Bello ya karɓi kofin, ya zauna a bakin gadon. Ta sha cokali uku ta kawar da baki.

"Juyo nan wajen taga," ta ce masa, muryarta can ƙasa.

Ya juya.

"Ɗaga haɓa. Dubi can. To, dube ni."

Ya yi duk abin da ta ce, kamar ɗan makaranta. Ta ɗaga hannu da ƙyar ta taɓa gefen kunnensa inda furfura ta fara fitowa, ta bi da yatsa har haɓa.

"To," in ji Bello, yana ƙoƙarin murmushi, "wane aiki za a ba ni? Boyi ko soja?"

"Ba ni ba ka ko ɗaya. Kai ba ka iya ɓoye abin da ke ranka ba." Ta numfasa. "Ubanka ma haka."

Ya ajiye kofin a ƙasa. Na fita na jawo musu ƙofa. Ta bango na riƙa jiyo muryarsa har la'asar, ƙasa ƙasa, ita kuma jefi jefi. Ban san abin da suka faɗa ba, ban kuma taɓa tambaya ba.

Bayan kwana huɗu, ranar Laraba da hantsi, ya buga mana ƙofa. Ya tsaya ba takalmi a ƙafarsa.

"Anti Kubura," ya ce, "Inna ta tafi."

Ni da matan mutanenmu biyu muka yi mata wanka. Maza tara suka raka ta wata maƙabarta can wajen McLeansville, inda Musulmi suka sami ɗan fili a gefe. Kwalaye biyu suka rage ba mu aika ba.

Ranar uku, bayan an yi addu'a mutane sun watse, ina kicin ɗin Bello ina wanke kwanuka sai wayar bango ta yi ƙara. Na ɗauka. Muryar wata tsohuwar Baturiya ce daga nesa, ban fahimci komai ba sai "Madam Daso". Na miƙa masa.

Ya yi mata bayani a tsaye, cikin Faransanci, a taƙaice. Na ga alamar zai ajiye. Sai ya tsaya, ya rufe bakin wayar da tafin hannu.

"Shekara goma sha tara teburinsu ɗaya a ofis, ita da Inna," ya ce mini.

Ya mayar da wayar kunnensa ya yi wata tambaya. Daga can matar ta fara magana, ba ta tsaya ba. Bello ya jawo igiyar wayar, ya sulale ya zauna a ƙasa, bayansa jingine da firij. Na rage ƙarfin famfo don kada ruwan ya hana shi ji.